Zaman Haɗaka a Ƙasar Katsina da Daura: Tambayoyin da Magidanta Ke Yawan Yi

Tun da rayuwa ta yi tsada ake jin magidanta a majalisun birnin Katsina da Daura da Dutsin-Ma suna shawarar su haɗu, gida biyar ko goma, su nemi fili a bayan gari, su yi noma da kiwo tare, su huta da haya da cefanen kullum. Tambayoyin da ke ƙasa su ne suka fi dawowa duk lokacin da zancen ya taso.

Mene ne ainihin zaman haɗaka?

Gidaje ne da dama, dangin juna ko waɗanda ba dangi ba, za su yarda bisa raɗin kansu su zauna wuri guda, su mallaki wasu abubuwa tare: fili, rijiya, rumbu, garke, injin niƙa, wani lokaci har da asusun jinya. Aiki tare, rabon amfani kuma bisa ƙa'idar da aka shimfiɗa tun farko. Ya wuce maƙwabtaka, don maƙwabcinka ba shi da kaso a rumbunka. Ya kuma wuce ƙungiyar da ake kafawa don karɓar taki, wadda ba ta sake haɗuwa sai wata daminar.

Abin da masu wannan tunani ke gudu shi ne zaman kowa tasa ta fisshe shi: kowane gida da janaretansa, da mai kawo masa ruwa a kura, da bashinsa a shagon unguwa, kowa na awon gero tiya-tiya a watan da hatsi ya fi tsada.

Me ya sa maganar ta yi ƙarfi a 'yan shekarun nan?

Bayan cire tallafin man fetur a watan Mayun 2023, kuɗin mota da taki da abinci suka tashi lokaci guda, albashi kuwa bai bi su da sauri ba. Ga gonakin gado da ake ta rabawa har kason mutum ya kasa ciyar da gidansa. Ga kuma mutanen Batsari da Jibiya da Safana da rashin tsaro ya koro cikin gari, manoma ne na gaske amma ba su da inda za su sa fartanya.

Ba gandun iyayenmu ba ne kawai aka sake wa riga?

Da kama, kuma duk mai son zaman haɗaka ya kamata ya zauna da dattijon da ya tashi a gandu ya sha labari. A gandu, uba da 'ya'yansa maza, har masu aure, suna noma babbar gona tare, hatsi ya shiga rumbun maigida. Shi kuma ya ciyar da kowa, ya biya haraji, ya yi wa saurayi auren fari. Amma kowane ɗa yana da gayaunarsa, wadda yake nomawa bayan an tashi daga aikin gandu, abin da ya samu a ciki nasa ne, ba mai tambayarsa. Wannan gayauna ita ce hikimar tsarin, za mu kuma koma kanta a tambayar abin da ake haɗawa.

Wata Baturiya mai bincike, Polly Hill, ta zauna a Batagarawa a 1967 tana nazarin noman garin, ta fitar da littafinta a 1972. Cikin abin da ta lura da shi akwai wanda kowane Bakatsine ya sani: gandun uba da 'ya'ya yana da ƙarfi, amma in uba ya rasu, ba kasafai wa da ƙane ke daɗewa a gandu ɗaya ba. Abin da ya riƙe gandu shi ne kwarjinin uba da kunyarsa. To ku da za ku haɗu ba uba ɗaya ba, kuma duk tsaran juna ne, me zai riƙe ku? Ba abin da zai tsaya a gurbin uban nan sai rubutacciyar yarjejeniya da kowa ya sa wa hannu gaban shaidu.

Addini ya yarda da wannan? Ba ƙaurace wa jama'a ba ne?

Haɗa dukiya da abinci bisa yarda ba baƙon abu ba ne a Musulunci. Bukhari da Muslim sun ruwaito yadda Annabi (SAW) ya yabi Ash'ariyyawa, waɗanda in abincinsu ya yi ƙaranci sai su tara abin da ke hannunsu a mayafi ɗaya su raba daidai. Aya ta 61 a Suratun Nur ta ce babu laifi a ci tare ko a ci daban-daban. Babin sharika kuwa, wato tarayya a dukiya, yana nan a Risala, littafin fiƙihun Malikiyya, ɗaliban zaure suna karanta shi.

Inda ake zamewa shi ne niyya. Wanda ya tashi yana cewa gari ya lalace, mu kaɗai muka rage na kirki, ya ɗauko hanya mai haɗari. Akwai hadisin da ya fifita muminin da ke cuɗanya da mutane yana haƙuri da cutarwarsu a kan wanda ba ya cuɗanya. Wasu kan kafa hujja da jama'ar Shehu Usmanu Ɗanfodiyo a Ɗegel da hijirarsa zuwa Gudu a 1804. Shehu ya yi shekaru yana zagaya garuruwa yana karantar da mutane, bai bar Ɗegel ba sai da sarautar Gobir ta matsa masa. Tsadar masara ba ta kai a kira ta dalilin hijira ba. Ku tafi a matsayin manoma masu neman rufin asiri, ku ci gaba da Juma'a da jana'iza da suna tare da mutanen garin da kuka samu.

Hukuma ba za ta zarge mu da kafa wata ƙungiya ba?

Za ta iya, kuma tana da dalilin tsoro. Arewa ba ta manta da Maitatsine a 'Yan Awaki ta Kano a Disamban 1980 ba. Akwai kuma Darul Islam kusa da Mokwa a jihar Neja, wadda aka kafa a 1993. Dubban mutane suka zauna a can suna noma, sun keɓe kansu daga sauran jama'a. A watan Agustan 2009, makonni kaɗan bayan rikicin Boko Haram a Maiduguri, 'yan sanda suka tashe su, aka mayar da kowa jiharsa. Aikin shekara goma sha shida ya watse cikin 'yan kwanaki.

Saboda haka kafin a aza bulo ɗaya, a je wa mai unguwa, ya kai ku wurin magajin gari ko dagaci, daga nan wurin hakimi. A sanar da ƙaramar hukuma da ofishin 'yan sanda na yankin. Yaranku su shiga firamaren garin, ko in kun buɗe taku ta zama mai rajista, 'ya'yan maƙwabta na shiga. Masu rigakafi in sun zo a buɗe musu ƙofa. Duk wanda ya ce muku a ɓoye abin tukuna har ya yi ƙarfi, kada ku tafi da shi.

An taɓa yin irin wannan a wani wuri ya ɗore?

An yi, har a nan Najeriya. A 1947 wasu masunta mabiya wani coci suka kafa garin Aiyetoro a gaɓar teku, cikin ƙasar Ilaje ta jihar Ondo ta yau. Suka haɗa dukiya da aiki gaba ɗaya, suka ƙera jiragen ruwa, suka samu wutar lantarki tun manyan garuruwa da yawa na cikin duhu. Amma sun matsa da yawa, har sun taɓa raba maza da matansu na wani lokaci, kuma da tafiya ta yi nisa mutane suka koma neman na kansu. Yau teku ce ke cinye garin.

A Tanzaniya, shugaban ƙasar na lokacin, Julius Nyerere, ya shelanta tsarin Ujamaa, wato zama da noma na tarayya, a Arusha a 1967. Ƙauyukan da manoma suka kafa da kansu a yankin Ruvuma sun yi kyau, sai jam'iyya mai mulki ta rushe ƙungiyarsu a 1969. Daga 1973 aka mayar da abin dole, aka kwashe miliyoyin mutane zuwa sababbin ƙauyuka, gonakin tarayya kuma ba su ba da abin da aka zata ba. Waɗanda suka fi kowa daɗewa su ne Hutarawa, wata ɗariƙar Kirista da ta fara haɗa dukiya a Turai a 1528, yanzu suna Kanada da Amurka. Wani abu nasu ya dace a duba: in mazauninsu ya kusa mutum 150, sai su sayi sabon fili su rabu biyu cikin lumana.

Gida nawa ya kamata a fara da su?

A ganina daga biyar zuwa goma. In ba su kai haka ba, kuɗin rijiyar burtsatse zai karya ku, kuma mutum ɗaya in ya kwanta ciwo aiki ya tsaya. In sun wuce, taro zai koma hayaniya. Kada kuma kowa ya sayar da gidansa na gari ko ya ajiye aikinsa tun yanzu, ya saki reshe ya kama ganye. Ku yi aron gona ko ku karɓi haya, ku noma ta tare damina biyu kowa na kwana gidansa. A noman biyu, lokacin da ciyawa ta taso kuɗi kuma suka ƙare, za ku san da wa za ku iya zama.

Me ake haɗawa, me ake bar wa kowa? Dole ne a ci tukunya ɗaya?

Ba dole ba ne, ni kam ma ina hana shi. A haɗa abin da ya fi ƙarfin gida ɗaya: babbar gona, ruwa, shanun huɗa, injin casa da na niƙa, wutar sola, sayen taki da yawa a lokaci guda, da rumbun tsimi da ba a buɗewa sai a tsakiyar damina. A bar wa kowane gida katangarsa, madafinsa, banɗakinsa, gayaunarsa, da aljihunsa. Mutumin da sai ya nemi izinin kwamiti kafin ya saya wa mahaifiyarsa turmin atamfa ba zai daɗe tare da ku ba, kuma yana da gaskiya.

Tukunya ɗaya ta yi wa kishiyoyi biyu wuya a gidan miji ɗaya, balle matan gida takwas da kowacce da irin hannunta a miya. In ana son ci tare, a yi shi ranar Juma'a, ko ranar gayya, ko buɗe-baki da azumi, kowane gida ya fito da kwanonsa.

Ni matar aure ce. Ina matsayinmu a ciki, kuma yaya za a yi da sirrin gida?

'Yar'uwa, tambayarki ta fi ta fili muhimmanci, amma ita aka fi tsallakewa. Sau da yawa maza ne ke gama shawara a majalisa, sannan a gaya wa mata su ɗaure kaya. Alhali ke ce za ki yini a wurin, ke za ki yi nesa da gidanku da masu sayen ƙuli-ƙulinki. Ki nemi a kai ki ki ga wurin tun kafin a biya kuɗi. Ki tambayi nisan asibitin da ake karɓar haihuwa, da wanda zai tuƙa mota in naƙuda ta zo da dare.

Dukiyarki taki ce. Sadakinki, awakinki, jarin sana'arki da zubin adashinki ba sa shiga asusun haɗaka don mijinki ya shiga. In kina so ki zuba, ki zuba da sunanki, a rubuta miki kasonki daban. Mata su samu zamansu na kansu da wakiliyar da ke kai maganarsu taro. Game da sirri kuwa, kowane gida da zaurensa da sallamarsa kamar yadda aka saba. Zama abokan tarayya bai mayar da mijin wata muharraminki ba.

A wane yanki ya fi dacewa a nemi fili?

Tsaro ne farko. Yankunan da ke jikin dajin Rugu, daga Jibiya da Batsari da Safana zuwa Ɗanmusa, da kuma Ƙanƙara da Faskari da Sabuwa, sun sha wahalar 'yan bindiga. Ba a manta da ɗaliban Ƙanƙara sama da 300 da aka sace a Disamban 2020 ba. Sabon mazauni mai rumbu cike da garken shanu, a keɓe cikin daji, abin hari ne. Fili mai arha da nisa da mutane ba arha ba ne. A zauna a jikin wani gari, inda ihu zai kai.

Ɓangaren Daura ya fi samun sauƙi ta wannan fuska, sai dai ƙasar jigawa ce, ruwan sama bai kai na Funtuwa ba, daminar kuma gajera ce. Gero da wake da gyaɗa da riɗi za su yi, amma noman wata huɗu ba ya riƙe mutane shekara. Dole a samu abin yi da rani: kiwon turka don kasuwa irin ta Mai'aduwa, ko lambu kusa da fadama ko madatsun ruwa irin Sabke da Daberam, ko Ajiwa da Zobe ga mutanen ɓangaren Katsina. A kira masu auna ruwan ƙasa su duba kafin a saya. A kuma tambayi mai unguwa da ardon yankin ko akwai burtali a ciki.

Da sunan wa za a yi takardar fili?

Kada a yi ta da sunan mutum ɗaya, ko da limaminku ne, ko da shi ya fi kowa zuba kuɗi. Ba zarginsa ake ba. Ranar da ya rasu, a idon kotu filin na magadansa ne, su kuwa ba su yi muku alkawarin komai ba.

Dokar filaye ta 1978 ta damƙa ƙasar kowace jiha amana a hannun gwamna. A yankin da aka ayyana birni, shi ke ba da takardar mallaka. A karkara, ƙaramar hukuma na da ikon ba da haƙƙin zama na gargajiya, har hekta 500 don noma, abin da ya fi buƙatarku nesa ba kusa ba. Sayar da irin wannan haƙƙi ma yana buƙatar amincewar hukuma, don haka takardar ciniki da sa hannun dagaci mataki ne na farko kawai. Hanya mafi sauƙi ita ce ku yi rajistar ƙungiyar gama kai a ofishin jiha mai kula da su. Doka na neman aƙalla mutum goma, matan da suka zuba nasu suna cikin lissafi, kuma ƙungiya mai rajista tana iya mallakar fili da sunanta. Filin gado da ba a raba ba kuwa, sai kowane magaji ya sa hannu, har mata da waɗanda ke Legas ko Agadas.

Wani zai yi aiki tuƙuru, wani ya laɓe. Yaya ake rabo ba a cuci kowa ba?

Wannan ke kashe gonar tarayya a ko'ina. Maganinsa littafi. A rubuta wanda ya fito kowace rana. Wanda bai fito ba, ba kuma ciwo ko rasuwa ta hana shi ba, ya biya kuɗin ɗan ƙwadago na ranar bisa farashin garin. Haka ma'aikacin gwamnati ko ɗan kasuwa da ba ya samun zuwa sai Asabar: albashinsa nasa ne, amma ya biya kwanakinsa ya kuma zuba abin da aka yanka wa kowane gida a wata. Da kaka, a fara fitar da iri, da bashin taki, da na rumbun tsimi, sannan a raba saura gwargwadon jari da aikin kowa.

A kai tsarin gaban malamin da ya san fiƙihun ciniki kafin a fara, don akwai ƙa'idoji masu sauƙin takawa. Risala ta halatta tarayya a shuka in iri ya fito daga ɓangarorin biyu, ko da gonar ta ɗaya ce aikin na ɗayan. Amma a ce wannan ya kawo gona wancan ya kawo iri a matsayin musaya, ba ta yarda ba. Marayu da tsofaffi da gwauraye kuwa, a yanka musu nasu a fili tun farko, kada ya zama sai an ga dama.

Wa zai shugabanta, wa zai riƙe kuɗi?

Shugaba na wa'adi, shekara biyu ko uku, wanda za a iya saukewa ba tare da an ɓata ba. Mai jan salla daban, mai riƙe kuɗi daban, don mutane na jin nauyin tambayar malaminsu lissafi. Kuɗi a banki da sunan ƙungiya, ba a fitarwa sai da sa hannun mutum biyu ko uku. Kowane wata a karanta shiga da fita da babbar murya, da Hausa, gaban kowa. Mabuɗin rumbu ma biyu, a hannun gida biyu.

Zo mu zauna, zo mu saɓa. Yawanci ba a kan manyan abubuwa ba: akuyar wani ta shiga gayaunar wani, yara sun yi faɗa iyaye mata sun shiga. A sa dattijo ɗaya daga wajenku, wanda ba shi da kaso, ya zama mai sulhu. In ya gagara sai mai unguwa, sannan kotu. Ranar da aka fara cewa kai ƙara waje cin amana ne, ko aka fara hana mutum ziyarar danginsa, abin ya tashi daga haɗaka ya koma wani abu, kuma a sake karanta amsar da ke kan zargin hukuma.

In na gaji ina son fita, ko na rasu, ina makomar kasona?

Wannan babi shi ya kamata a fara rubutawa, tun ana ɗasawa. Kowa na da 'yancin fita. A ajiye cewa zai ba da sanarwa kafin damina, masu kima biyu daga waje, dillalin fili da magini, su yi wa kasonsa da gininsa kuɗi, a biya shi kashi-kashi bayan kaka ɗaya ko biyu don kada a sayar da shanun huɗa saboda mutum ɗaya. Abokan zama su ke da haƙƙin fara saye. Shari'a ma ta san wannan, shi ne shufu'a: a mazhabar Malikiyya abokin tarayya a filin da ba a raba ba yana da ikon karɓar kason da aka sayar wa bare, ya biya kuɗin da aka saya.

In mutum ya rasu, kasonsa gado ne, ba yarjejeniyar da za ta hana magada haƙƙinsu. Su zaɓa: ko su ci gaba da zama bisa ƙa'idojin, ko a biya su yadda ake biyan mai fita. A rubuta ƙarara cewa matar mamaci da 'ya'yanta ba za a tashe su daga ɗakinsu ba, lokacin takaba da bayanta, har a gama rabo. Rijiya da masallaci da makaranta kuwa gara a yi wakafinsu tun farko, da shaidu da takarda. Ta haka ba sa shiga gado, ba kuma mai fita da zai ce a sayar a ba shi nasa.

Yaya ake fitar da zakkar amfanin gonar tarayya?

A Malikiyya ba jimillar abin da gonar ta ba da ake dubawa ba, kason kowane mutum ake dubawa. Wanda rabonsa, haɗe da abin da ya samu a gayaunarsa na irin wannan hatsi, ya kai nisabi, wato wusƙi biyar (kowane wusƙi sa'i sittin ne), zakka ta hau kansa. Wanda bai kai ba, ba ta hau ba. Noman damina ɗaya cikin goma ne, wanda aka yi ban-ruwa da inji ko guga ɗaya cikin ashirin. Abin da aka ware wa rumbun tsimi har yanzu mallakarku ne, don haka a lissafa wa kowa nasa a ciki kafin a rufe. Dabbobin da aka haɗa garke ɗaya, makiyayi ɗaya da mashaya ɗaya, suna da nasu hukuncin daban, sai a kai wa malami adadin na kowa ya yi lissafin.